Takardar gwajin jini kafin aure: a rubuta "cikin 'ya'ya huɗu ɗaya" ko a gyara?

Malam Bala: Assalamu alaikum jama'a. Kwamitin masallacin unguwarmu ya ɗora mini rubuta 'yar takarda shafi ɗaya a kan sikila, a raba bayan sallar Juma'a. Kun san tun 2024 gwajin jini kafin ɗaurin aure ya zama doka a Kano, amma mutane suna zuwa ne kawai don su karɓo takarda, ba su san abin da ke cikinta ba. Ga abin da na tsara, ku duba mini kafin in kai wa mai bugawa:

"Sikila ciwo ne na gado. Kowa yana da jinotaif, ko AA, ko AS, ko SS. Mai AA lafiyayye ne, zai iya auren kowa. Mai AS ma lafiyayye ne, kuma zazzaɓin cizon sauro ba ya kama shi. Amma idan AS ya auri AS, cikin 'ya'ya huɗu da za su haifa ɗaya zai zo da sikila. Gwajin yana duba DNA ɗin da ke cikin jajayen ƙwayoyin jini. Ku yi gwaji tun kafin magana ta yi nisa."

Sista Nas: Wa alaikumus salam Malam. Allah ya saka da alheri. Gajere ne, kowa zai gane. Ni dai layin zazzaɓin nan ne ya tsaya mini a rai, amma bari manya su fara.

Maman Ummi: Malam, don girman Allah ka cire maganar "cikin huɗu ɗaya". Wannan jimlar ce aka faɗa mana ni da maigidana lokacin da muka gano mu duka AS ne, an riga an sa rana. 'Yarmu ta fari ta zo SS. Tana wata takwas hannuwanta da ƙafafunta suka kumbura suntum, ko zani ya taɓa ta sai ta ƙwalla ƙara, a tafin hannuna take kwana ina zaune. Da aka tabbatar, surukata ta ce to alhamdu lillahi an fitar da na sikilar, ukun da ke tafe lafiyayyu ne. Ba da mugunta ta faɗa ba, lissafin da aka ba mu ta yi. Na biyu ya zo AS. Na uku SS ne. Har yau in na ga jimlar nan a jikin bangon asibiti sai gabana ya faɗi.

Malam Bala: Allah ya ba su lafiya, Hajiya, ya ba ku ladan jinya. Amma fa abin da ke cikin littafin da muke koyarwa ke nan, akwati mai gida huɗu, AA ɗaya, AS biyu, SS ɗaya. Ban ƙirƙiro ba.

Dokta: Malam, akwatin daidai ne, karanta shi ne ake yi a karkace. Gidajen nan huɗu ba 'ya'ya huɗu ba ne. Hanyoyi huɗu ne da ciki guda ɗaya zai iya bi. Kusan kowace ƙwayar halitta mai cibiya (ɗakin da DNA yake zama) a jikin mutum tana da kiromosom, wato ƙunshin umarnin gado, guda 46, jere 23 bibbiyu, ɗaya daga uwa ɗaya daga uba. Himogulobin shi ne furotin da ke ɗaukar iskar oksijin a jajayen ƙwayoyin jini, kuma umarnin da ke gina sashensa da ke zama A ko S yana kan na 11. Mai AS, ɗaya daga cikin na 11 ɗinsa biyu yana ɗauke da A, ɗayan yana ɗauke da S. In jiki zai yi maniyyi ko ƙwan mace sai ya raba su, kowane ya tafi da 23 kacal, wato ko A ko S, ba duka biyun ba. Wanda ya haɗu da wane a wannan cikin ba ruwansa da abin da ya faru a cikin bara. Kamar mata da miji ne kowa ya cilla kwandala sama, in duka biyun suka faɗo da fuska ɗaya da aka zaɓa, SS ke nan. Kwandala ba ta tuna yadda ta faɗi ɗazu.

Ɗalibin Jami'a: Ranka ya daɗe Dokta, na buga lissafin. A iyalan da uba da uwa duk AS ne kuma suka haifi 'ya'ya huɗu cif: a samu SS ɗaya tak, 108 cikin 256, wato wajen kashi 42 cikin ɗari. A rasa SS gaba ɗaya, 81 cikin 256, wajen kashi 32. A samu biyu ko fiye, 67 cikin 256, wajen kashi 26. Duka huɗun su zo SS, 1 cikin 256. Ke nan jimlar Malam ta fi faɗuwa ƙasa banza fiye da yadda take cika.

Malam Bala: To ɗana, kai ka je ka tsaya a ƙofar masallaci ka ce wa mai sayar da goro "108 cikin 256". Shekaruna nawa ina koyar da 'yan aji uku na babbar sakandare, na san inda hankalin mutum yake tsayawa. In ka cika bayani sai a ninke takardar a yi fifita da ita. Gara a tsorata su da "ɗaya cikin huɗu" su fasa auren, da a rikita su su ce ai ma ba tabbas.

Maman Ummi: Malam, mu bai tsorata mu ba. Kwantar mana da hankali ya yi. Maigidana cewa ya yi in ɗaya ne kawai za mu iya ɗauka.

Alaramma: Allah ya gafarta Malam Bala, ni ban karanci bokon nan ba, amma ina da ta cewa a kan lafazin. Ka rubuta "ɗaya zai zo da sikila". Wannan yanke hukunci ne a kan abin da ke cikin mahaifa. Akwai gida a layinmu, mata da miji duk AS, 'ya'ya shida ba mai sikila ko ɗaya. Duk sanda aka yi wa'azin gwaji sai mai gidan ya miƙe ya ce ga shi nan shaida, likitoci ƙarya suke. Kuma mutane suna jin maganarsa, domin an yi musu alkawarin abin da bai faru ba. Da an ce musu yiwuwa ce a kowane ciki, da ba shi da abin kafa hujja.

Dokta: Alaramma ya gama magana. Irin gidan da ya faɗa ba abin mamaki ba ne ko kaɗan, wajen kashi 18 cikin ɗari na masu 'ya'ya shida haka za su kasance. Jimlar da ba ta daidai ba tana cutarwa ta fuska biyu, ta yaudari Maman Ummi, ta kuma ba wancan maigidan makami. Kuma gyaran bai fi tsayi ba: "A kowane ciki, akwai yiwuwar ɗaya cikin huɗu yaron ya zo da sikila. Abin da aka haifa a baya ba ya sauya wannan."

Malam Bala: Wannan zan iya ɗauka, tunda layi ɗaya ya ƙaru. Saura kuma ai babu matsala.

Ɗan Lab: Akwai fa, Malam, yi haƙuri. Layin da ka ce gwajin yana duba DNA ɗin cikin jajayen ƙwayoyin jini. Jar ƙwayar jinin ɗan'adam in ta gama nuna ba ta da cibiya, ba ta da DNA. A cikin ɓargo take zubar da cibiyar kafin ta shigo jini, ta cika cikinta da himogulobin, ta yi kwana wajen 120 tana yawo da iskar oksijin. Ta mai sikila kwana 10 zuwa 20 take yi ta mutu, shi ya sa kullum jininsu a ƙasa yake. Abin da muke yi a ɗakin gwaji, mu fasa ƙwayoyin, mu ɗiga ruwan a kan wata 'yar takarda ta musamman, mu sa mata lantarki. A ya yi gaba, S ya biyo a baya, wani nau'in da ake kira C ya fi su jinkiri. Sai mu karanta layukan. Furotin muke gani, wato himogulobin ɗin, daga shi muke gane abin da mutum ya gada.

Malam Bala: Yanzu fisabilillahi wa ya damu da ko DNA ne ko furotin a sahun masallaci? Wannan ai neman magana ne.

Ɗan Lab: Wanda aka yi wa ƙarin jini ya damu. Ka ɗauki saurayi mai SS da ya kwanta asibiti watan jiya aka sa masa leda biyu ta jinin mai AA. Ya zo wurina yau, takardata za ta nuna layin A da layin S. In ban tambaye shi ba, shi ma bai faɗa ba, AS zan rubuta in buga hatimi. Shi ya sa muke cewa a bari sai wata uku bayan ƙarin jini. Haka jariri ɗan ƙasa da wata shida, jininsa cike yake da himogulobin na jarirai da ake kira F, wannan gwajin na takarda ba ya fitar da shi sosai, sai da na'urar HPLC ko makamanciyarta. Mutumin da aka gaya wa DNA ake dubawa zai ce ai DNA ba ya canzawa, me zai sa ya ambaci ƙarin jini?

Sista Nas: Wannan gaskiya ne. Kuma mutane da yawa suna kawo mana katin rukunin jini su ce ga jinotaif. "Ni O ce, zan iya auren kowa." Rukunin A, B, O daban, wannan daban, ba ma a kiromosom ɗaya suke ba. Harafin A ɗin da ke cikin duka biyun ne yake rikita su.

Malam Bala: To ku faɗi me zan rubuta, ba ku yi ta tsinka mini takarda ba.

Ɗan Lab: Cire layin DNA ɗin gaba ɗaya, ba a bukatarsa. Sa wannan a gurbinsa: "In an yi maka ƙarin jini cikin wata uku da suka wuce, ka faɗa kafin a gwada ka. Rukunin jini ba shi ne jinotaif ba."

Sista Nas: Bari in dawo kan zazzaɓin. Malam, mai AS yana yin zazzaɓin cizon sauro sarai, ni kaina AS ce kuma damina ba ta wuce ni. Abin da aka tabbatar, tun binciken Anthony Allison a gabashin Afirka a 1954, shi ne S guda ɗaya yana rage haɗarin zazzaɓi mai tsanani da ke kashe ƙananan yara. Shi ne ma dalilin da ya sa S ya yawaita a ƙasashen da sauro ya yi katutu, har wajen mutum ɗaya cikin huɗu a Najeriya yake ɗauke da shi. Amma raguwar haɗari daban, rashin kamuwa daban. Na ga uwar da ta ba ɗanta mai AA gidan sauro ta bar mai AS a waje, wai shi jininsa da ƙarfi. Gidan sauron ɗaya ne a gidan, ta yi rabon ne da abin da aka gaya mata.

Dokta: A cire layin kawai. Takarda ce ta aure, ba ta zazzaɓi ba.

Malam Bala: Na sa shi ne don kada masu AS su ji kamar an mayar da su musakai. Kun san yadda ake yi yanzu, yarinya ta ce AS ce, samari su watse ko da su AA ne.

Maman Ummi: Nan kam Malam yana da gaskiya. Amma a faɗa kai tsaye: mai AS ba marar lafiya ba ne, in ya auri AA ba za a haifi mai sikila ba. Ba sai an yi masa kwalliya da zazzaɓi ba.

Ɗan Zango: Salamu alaikum daga Kumasi. Ina bin ku tun ɗazu. Malam ya ce jinotaif uku ne. A wajenmu ba za ka rubuta haka ba, domin C yana da yawa, musamman a mutanen arewacin Gana da Burkina Faso. Ɗan yayata AC ne, matarsa AS. Kowa ya ce ai ba AS biyu ba ne, a ɗaura. Ɗansu na biyu SC. Ya girma ba ya yawan kwanciya kamar masu SS, sai da ya kai shekara ashirin da wani abu ƙugu ya fara ci masa, ido ɗaya kuma ya fara dishi-dishi.

Dokta: Haka SC yake, sau da yawa ya fi SS sauƙi a yarinta, amma yana taɓa jijiyoyin bayan ido da kan ƙashin ƙugu, kuma mace mai SC tana bukatar kulawa sosai in tana da ciki. Ciwon sikila ne shi ma. AS da AC, lissafin ɗaya ne, ɗaya cikin huɗu a kowane ciki. A Najeriya C ya fi yawa a kudu maso yamma, amma muna ganinsa a nan ma.

Malam Bala: Kun gani ko? Daga haruffa biyu mun koma uku. Gobe wani zai ce D, wani ya ce E.

Ɗan Lab: Akwai su kuwa, Malam, amma ba zan matsa a sa su ba. C dai a sa, domin ina rubuta AC da hannuna a takardun mutane, su fita suna murna wai ba S a ciki.

Ɗalibin Jami'a: Ni a ganina a sa asalin abin ma, don mutane su san ba aljanu ba ne ba kuma maita ba. Harafi ɗaya ne ya sauya a DNA, GAG ya koma GTG, sai amino asid na shida a sarƙar beta ta himogulobin ya tashi daga gulutamik ya koma balin. In oksijin ya yi ƙasa sai himogulobin ɗin ya harhaɗu ya yi tsinke-tsinke, ƙwayar ta lanƙwashe kamar lauje ta toshe ƙananan hanyoyin jini. James Herrick ya fara bayyana siffar a Chicago a 1910, Linus Pauling ya nuna matsalar a himogulobin take a 1949, Vernon Ingram ya gano ainihin wurin a 1956. C ma a wannan gurbi na shida yake, sai dai shi laisin ne ya shiga.

Malam Bala: Ɗana, wannan ka ajiye mini, zan gayyace ka ajina ranar Talata. A takardar masallaci kuwa ko da kuɗi aka haɗa ni ba zan sa balin ba.

Dokta: Ni ma a nan ina bayan Malam. Duk abin da ɗalibinmu ya faɗa daidai ne, amma ba ya sauya abin da ango zai yi gobe. Ma'aunina ke nan. Barin bayani a waje ba laifi ba ne in rashinsa ba zai kai mutum ga mummunan mataki ba. Ƙarin jini da C suna sauya mataki, sunan Pauling ba ya sauyawa.

Da wannan ma'aunin nake so a sake duba "mai AA zai iya auren kowa". Galibi haka ne, ko SS ya aura duk 'ya'yan AS za su zo. Amma an taɓa kawo mini yaro da takardarsa ta ce SS, uwa AS, uba AA. Kafin su iso wurina uban ya riga ya kora ta gidansu, dangi sun gama yanke mata hukunci. Irin wannan, abin da ya fi yawa kuskuren ɗakin gwaji ne, an karanta layi ba daidai ba ko an musanya kwalba. Akwai kuma wata larurar gado, beta talasimiya, wadda umarnin da ke wannan wuri na kiromosom 11 ba ya fitar da sarƙar beta, ko ya fitar da kaɗan. Mai ɗauke da ita guda ɗaya, a gwajin takarda AA zai fito. In ya ba ɗansa ita, uwa ta ba da S, jikin yaron S kawai zai iya ginawa, sai a karanta shi SS. Uban yaron haka ya kasance da aka yi gwaji mai zurfi. Ɗansa ne na cikinsa.

Malam Bala: Inna lillahi. Amma Dokta, wannan ai ba kasafai ba ne a wajenmu.

Dokta: Ba kasafai ba ne, shi ya sa ban ce ka rubuta sunanta ba.

Alaramma: Ko sau ɗaya ne a shekara, ƙazafi ne ga matar aure da yanke nasabar yaro. Malam Bala, wannan layin ni nake roƙo, ko da za a cire wani don ya samu wuri. A rubuta: "In sakamakon yaro bai dace da na iyayensa ba, a sake gwada su duka a babban asibiti. Wannan gwajin ba ya tabbatar da uba kuma ba ya kore shi."

Maman Ummi: A ƙara da cewa daga uwa da uba ake gadonsa, su biyun. Har yau akwai dangin maigidana da ke cewa daga gidanmu na kawo musu.

Ɗalibin Jami'a: Tambaya ɗaya. Tunda an samu magani yanzu, Casgevy, wanda Birtaniya ta amince da shi a Nuwamba 2023, Amurka ta biyo a Disamba, ba za a ambata ba don mutane su samu fata?

Dokta: Kuɗinsa a Amurka dala miliyan 2.2 ne. Kuma ba ya goge S. Ana ciro ƙwayoyin asali na ɓargon mutum, a gyara su da fasahar gyaran DNA da ake kira CRISPR don su koma fitar da himogulobin F na jarirai, a mayar masa bayan an kashe tsohon ɓargon da magani mai ƙarfi. Dashen ɓargo daga ɗan'uwa, wanda aka fara yi a Najeriya a asibitin koyarwa na Benin a 2011, shi ma jini yake sauyawa. Maniyyi da ƙwan mace suna nan yadda suke. Wanda ya warke ta kowace hanyar, S zai ba 'ya'yansa, ko da takardar gwajinsa ta koma nuna A. In za a ba iyaye fata a shafi ɗaya, a gaya musu abin da hannu ke kaiwa: a gano yaro da wuri, rigakafi, gidan sauro, shan ruwa sosai, folik asid, da maganin haidiroksiyuriya a ƙarƙashin kulawar likita.

Maman Ummi: Haidiroksiyuriyar nan ta rage wa babbar 'yata kwanciya ƙwarai. Kuɗinsa ne dai kowane wata.

Malam Bala: Na lissafa abin da kuka ɗora mini. Na cire layi biyu, kun ƙara shida. Shafi ɗaya aka ce, kuma tsofaffi za su karanta, ba zan ƙanƙanta rubutu ba. Maganar kowane ciki, da C, da ƙarin jini, da roƙon Alaramma, da na Hajiya a kan uwa da uba, sun shiga. Magunguna ba za su shiga ba, wannan takarda ce ta masu shirin aure. Rukunin jini ma ina ganin a bar shi, ai takardar asibiti ake nema ba kati ba.

Sista Nas: Malam, kalma bakwai ce fa. Ka cire "Mai AA lafiyayye ne" ka sa ta.

Malam Bala: Zan gwada in ga ko ta zauna. Ɗan Lab, in na tura maka da daddare za ka duba mini kafin safiya? Mai bugawa ya ce Laraba ce ƙarshe in ana so a samu ranar Juma'a.

Ɗan Lab: Turo, Malam, ina aikin dare. Ka turo wa Ɗan Zango shi ma ya duba layin C, su suka fi mu ganinsa.